Wa za mu kai wa kuka in babu zaɓaɓɓu?

Malam, ka tambaya: tunda aka rusa majalisun gari na Nijar a 2024, wa talakan Tawa zai kai wa kukan magudanar ruwan unguwarsu da ta toshe? Waɗanda ke riƙe da ma'aikatar magajin gari yanzu naɗa su aka yi, ba ƙuri'arka ta kai su ba, kuma wannan rashi yana yi mini zafi. Amma harajin kasuwa da kake biya bai tsaya ba, don haka haƙƙinka yana nan. Ku fara da mai unguwa. Ku rubuta takarda, magidanta su sa hannu, ku riƙe kwafi mai hatimi. In aka yi shiru, ku kai wa gwamna, ku buga waya gidan rediyo tun kafin damina ta sauka.