Brian Cox bai fara da Succession ba

Malam, ka tambaya ko dattijon da ya fito a matsayin Logan Roy a shirin Succession sai da tsufa ya samu shiga harkar fim. Gaskiya ba haka ba ne, domin Brian Cox ya haura shekara 50 a wannan sana'a kafin a fara nuna shirin a 2018.

An haife shi a garin Dundee na Sikotland a 1946, mahaifinsa ya rasu yana ɗan shekara takwas, kuma tun yana matashi ya kama aikin hidima a gidan wasan kwaikwayo na garinsu kafin ya tafi Landan koyon sana'ar. A ganina, a kan dandamali ƙarfinsa yake, inda babu damar sake ɗauka idan murya ta sarƙe. A 1987 ya fito a Titus Andronicus na Shakespeare, rawar uban da baƙin ciki ya tura ga ramuwa, ta kuma jawo masa lambar yabo ta Olivier, daga baya ya yi Sarki Lear.

A fim kuwa ba kasafai ake ba shi jarumta ba, amma yakan cika wurin da aka ajiye shi. Shi ya fara fitowa a matsayin Hannibal Lecter, likita mai kashe mutane, a Manhunter a 1986, shekara biyar kafin ɗan wasa Anthony Hopkins ya fito a wannan matsayin, sannan Cox ya fito a Braveheart da Troy. Ka nemi Nuremberg na 2000, inda ya fito a matsayin Hermann Göring, jigo a gwamnatin Hitler, har ya ci lambar yabon talabijin ta Emmy.