Tambayoyinku: Baba na kwance a asibiti a Ingila, an ce kuɗin jinyarsa zai yanke

Tambaya: Assalamu alaikum. Mahaifinmu yana zaune a Ingila wajen ƙanwata. Tun da shanyewar ɓarin jiki ta same shi gwamnati ke biyansa kuɗin kula, ita ma ana ba ta wani abu saboda jinyarsa, ƙaramar hukuma kuma na turo ma'aikaciya safe da yamma. Yau sati uku yana asibiti, an ce mata kuɗin zai tsaya. Gaskiya ne? Mu nan so muke in an sallame shi mu dawo da shi gida ya huta.
Mai karatu, Tudun Wada, Kaduna

Amsa: Wa alaikumus salam, Hajiya. Allah ya ba Baba lafiya, ya sa kaffara ne.

Gaskiya aka faɗa mata. Kuɗin da ake ba wanda ya kai shekarun fansho kuma yake buƙatar mai kula da shi, wato Attendance Allowance, yana tsayawa idan mutum ya cika kwana 28 a asibitin gwamnati na NHS. Hujjarsu ita ce asibiti ya riga ya ɗauki nauyin kula da shi, ba za a biya abu ɗaya sau biyu ba. A farashin da ya fara aiki a Afrilun 2025, fam 73.90 ne ko fam 110.40 a sati, gwargwadon larurar. Fanshonsa na gwamnati kuwa babu abin da zai taɓa shi.

Wajen ƙirga kwanakin ne mutane ke tafka kuskure. Ranar da aka kwantar da shi da ranar sallama ba sa cikin lissafi. In ran 1 ga wata ya shiga, daga ran 2 ake fara ƙirgawa, kwana 28 su cika ran 29. Sai kuma tarkon da ya fi kama mutane: in aka sallame shi ya sake komawa kafin ya wuce kwana 28 a gida, haɗa kwanciyar biyu ake yi. Wanda ya yi kwana 20, ya dawo gida sati biyu, jiki ya sake tashi, kwana 8 kacal suka rage masa. Ƙanwarki ta riƙa rubuta ranakun a takarda, don masu irin wannan ciwo sukan yi ta kai-komo tsakanin gida da asibiti.

Nata kuɗin, Carer's Allowance, fam 83.30 a sati a farashin Afrilun 2025, a jingine yake da na Baba. Da nasa ya tsaya, nata ma ya tsaya, ko da kullum tana bakin gadonsa tana ba shi abinci.

Abin yi yau, ba gobe ba, shi ne ta buga wa ma'aikatar ayyuka da fansho, DWP, waya. Lambar tana jikin wasiƙar da suka aiko masa. Ta riƙe lambar inshorarsa ta ƙasa, sunan asibiti da ranar da aka kwantar da shi, sannan ta sanar da sashen da ke biyanta daban. Kada ta ɗauka asibiti zai yi mata wannan. In ta yi shiru kuɗi ya ci gaba da shigowa, bashi ne, za su karɓi abinsu, kuma suna iya ɗora tarar fam 50. Ranar sallama ta sake kira a maido da biyan. A kuɗin Baba ba sai an cike sabon fom ba, dakatarwa aka yi, ba sokewa ba.

Batun ma'aikaciyar da ke zuwa gida a hannun ƙaramar hukuma yake, kowace da tsarinta. In kwanciya ta yi tsawo akan ba wani gurbin, a dawo a tarar da baƙuwar fuska ko a shiga jira. Ta nemi jami'in jin daɗin jama'a na asibitin tun yanzu, ta dage a sake auna buƙatun Baba kafin sallama, domin wanda ya kwanta wata guda da wuya ya fito da ƙarfin da ya shiga da shi. Akwai kuma taimakon farfaɗowa a gida da ake bayarwa kyauta har sati shida. Ta tambaya da bakinta.

Zuwansa Kaduna kuma a yi lissafi tukuna. Kuɗin Baba yana ci gaba har sati 13 in tafiyar ta ɗan lokaci ce, ko sati 26 in neman magani ya kawo shi, kuma dole a sanar kafin a tashi. In ya dawo baki ɗaya ya yanke ke nan. A nan gida, inshorar lafiya ta jiha ta KADCHMA kuɗin magani take ɗauka, ba albashin mai jinya a gida ba. Don haka ku zauna da 'yan uwa ku tsayar da wanda zai riƙa juya shi a gado, wanda zai kai shi gashin ƙashi, da aljihun da kuɗin zai fito, kafin a yanki tikiti.