Na nemi takarda, aka ce na yi ashar

Tambaya: Malam, barka da aiki. Wata uku ke nan da na samu aikin sakatariya a wata ƙungiyar agaji nan Damagaram, kuma shugabar sashenmu ƴar Kenya ce, Ingilishi kawai take ji. Ranar Litinin a wajen taro na nemi a miƙo mini takardar sa hannu, na ce "sheet". Sai na ga wasu sun sunkuyar da kai suna dariya. Daga baya aka ce mini abin da ya fito daga bakina ashar ne. Ƙanena ya ce kar in damu, wai a Amurka kalmar nan "kaya" take nufi, kowa na faɗinta. Kwana uku ban yi barcin kirki ba. Na zage ta ne? Za a kore ni?

Amsa: Ɗiyata, kwantar da hankalinki. Ba ki zagi kowa ba, kuma ba a korar mutum don wasali ya gajarce masa. Wadda ta yi aiki a ƙasashen mutane ta sha jin irin wannan, ta san takarda kike nema.

Ga abin da ya faru. Kin yi nufin "sheet", bakinki ya fitar da "shit", wato, a gafarce ni, kashi. Laifin na harshen da kika tashi da shi ne. Hausa tana da dogon wasali da gajere, shi ya sa kunnenki ba ya haɗa gashin kai da gashin nama, ko dukan jaki da "duka sun zo". Amma Hausa ba ta yarda dogon wasali ya zauna a gaɓar da baƙi ya rufe. Faɗi "riga", sannan ki faɗi "rigar", za ki ji "a" ɗin ƙarshe ya tsuke. Haka bakinki ya yi wa "sheet", haka zai yi wa "beach" da "piece". Faransancin da muka yi a lakwal kuma bai taimaka ba, don "i" ɗaya gare shi. Maganin: ja wasalin kamar za ki ce "shiiit", leɓe a buɗe irin na murmushi. Kafin bakin ya saba, ce "paper" ko "form", ki wuce.

Maganar ƙanenki ce ta fi damuna, don kullum sai na ci karo da ita a aji. Yaro ya zauna a fada, ana shayi, waya na ta zuba waƙoƙin Amurka. Ya ji mawaƙi ya kira abokiyarsa "bitch", sai ya yanke hukunci cewa ma'anarta "ƙawa" ko "budurwa", wai ƙamus ne ya tsufa. Sannan ga malaman TikTok, waɗanda ba su taɓa riƙe alli ba, suna tara kalmomi goma a bidiyon minti ɗaya da sunan "Ingilishin gaske wanda ba a koya muku a makaranta". Ba wanda zai gaya wa yaron wa ke faɗin kalmar, ga wa, a ina. To "bitch" a asali karya ce, macen kare, kuma in aka jefi mace da ita, zagi ne mai ciwo, daidai da yadda yake a Hausa. Don wasu abokai suna kiran juna da ita cikin wasa, ma'anar farko ba ta mutu ba. Mu ma muna da irinta. Ɗan ƙwallo ya zura ta a raga, abokinsa ya ce "shege!", yabo ne. To je ka Birni ka faɗa wa dattijo haka a ƙofar gidansa, ka ga abin da zai biyo baya. "Shit" ma haka take: gaskiya ne a bakin ƴan titi takan zama "kaya" ko "tarkace", amma warinta na nan, ba a shiga ofis da ita.

Na taɓa gyara wasiƙar neman aiki ta wani tsohon ɗalibina, yaro mai ƙoƙari, ya ci bak, jarrabawar gama sakandare, da maki mai kyau. Ya rubuta cewa aikin ƙungiyar "sick" ne, yana nufin ya burge shi, kamar yadda muke cewa abu ya yi mugun kyau. Mai karantawa kuwa "maras lafiya" zai gani. Na tambaye shi inda ya samo, ya nuna mini Urban Dictionary. Shafin nan tun 1999 yake, kuma duk wanda ya ga dama shi ke rubuta ma'ana a ciki, har da ɗan shekara 14 da ke neman ba abokansa dariya. Wannan ne zai zama malaminka?

Kuma ko su masu harshen ba bakinsu ɗaya ba. "Pissed" a Amurka mai fushi ne, a Ingila wanda ya yi tatil da giya. "Rubber" a Ingila abin goge fensir ne, a Amurka ana kiran kwaroron roba da ita. "Cock" zakara ne a ƙamus, amma Ba'amurke ya fi cewa "rooster" saboda ɗaya ma'anar da ba zan rubuta ba.

Tun 2025 dokar ƙasarmu Nijar ta sa Ingilishi cikin harsunan aiki tare da Faransanci, don haka irin ofishinku ƙaruwa zai yi. Amma har yanzu ɗalibi sai ya yi shekara 7 yana cike gurbin "since" da "for" a allo, ba a taɓa kunna masa murya ya bambance "ship" da "sheep" ba.

Ki sa Oxford Advanced Learner's Dictionary a wayarki, ƙamus ne da aka yi domin baƙin harshe tun 1948. Yana furta miki kalma, kuma yana sa alamar "slang", "taboo" ko "offensive" kafin ma'anar. In kin ga ɗaya daga cikinsu, ki san kalmar don ki gane in an faɗa, amma kar ta fito daga bakinki a wurin aiki. Gobe ki gaida shugabarki kamar kullum, ba sai kin tayar da zancen ba. Ƙanen naki kuwa ki turo mini shi.