Tumatir yana yaushi da rana, in ba shi ruwa kullum?

Malam, ka ce tumatirinka a Kadawa yana yaushi da rana, ko ka riƙa ban ruwa kullum? A'a. Duba shi da sassafe tukuna, in ya miƙe lafiya lau ne. Tona ƙasa kamar taƙi ɗaya kusa da saiwa, ka matse a hannu: in ta dunƙule, dakata, in ta wargaje, tayar da injin ban ruwa.

Lissafin kuwa, ruwa mai zurfin milimita 1 a kan hekta ɗaya lita 10,000 ne. A zafin Maris tumatir mai fure kan sha milimita 6 zuwa 7 a rana, wajen lita 200,000 ke nan a hekta ɗaya duk kwana uku. In ƙasarka rairayi ce, ba shi kaɗan-kaɗan akai-akai. Lokacin fure dai, don Allah kar ya ji ƙishi, furen zubewa yake.