Amsa ga mai son saka muryar Okabe a wasansa

Ɗan'uwa, da na karanta tambayarka kan ko za ka iya yanko muryar Okabe Rintaro, jarumin shirin katun na Japan Steins;Gate, ka saka a wasan kwamfuta na barkwanci da kake haɗawa, sai da gabana ya faɗi, domin ramin da na faɗa ke nan.

Ni ma da Ren'Py, manhajar haɗa wasannin labari, na haɗa nawa, labarin Okabe yana farautar wanda ya cinye masa ayabar gwaji. Wata bakwai ina rubutu da daddare, sau da yawa da ragowar cajin kwamfuta bayan an ɗauke wuta. Wanda ya yi mini zane, mutumin da na amince wa har na damƙa masa duk fayilolin, shi ne ya dage sai mun saka dariyar nan ta Mamoru Miyano, mai yin muryar Okabe, daga shirin da kamfanin White Fox suka fitar a 2011. Na ƙi, ya yi shiru. Ashe ya saka ta, ya ɗora wasan da sunansa shi kaɗai, har ya yanka masa farashi. Da asuba wani ya turo mini hoton shafin, na zauna a bakin katifa ina neman sunana sama da ƙasa, babu shi ko a wurin godiya. Na kira shi fiye da sau goma bai ɗauka ba. Ba a yi mako biyu ba aka sauke wasan saboda haƙƙin mallaka, kuma har yau bai ce mini in yi haƙuri ba, wanda shi ne ya fi ƙona mini rai.

Saboda haka kada ka taɓa muryar, haka ma kiɗan da hotunan. Ka nemi aboki ya yi maka dariyar da bakinsa. Kada kuma ka sayar. Masu doujin, wato ayyukan da masoya ke haɗawa da kansu daga labaran wasu, da ke baje kolinsu a kasuwar Comiket a Tokiyo, galibi kawar da kai kamfanoni suke yi musu, ba doka ce ta ba su dama ba. Ka rubuta aikin kowa da sunansa tun farko, ko da uwarku ɗaya ubanku ɗaya.

Sannan don Allah kada ka mayar da Okabe mahaukaci tuburan. Abin dariyar yana cikin yadda yake kara waya a kunne ba kowa a layi, yana gargaɗi kan "Ƙungiya" da dukan zuciyarsa, ƙawarsa Mayuri na gefe tana ɗinkinta hankali kwance. Idan ka gama babin farko, ka turo mini in karanta.