Wai da gaske ana biyan mutum don ya ci abinci?

TAMBAYA: Salam Anti, ya aiki? Ni ɗaliba ce, ina son girki ina kuma son rubutu. Na ji wai a manyan jaridu akwai wanda aikinsa kawai ya shiga gidajen abinci ya ci ya rubuta ra'ayinsa, ƙarshen wata a ba shi albashi. Da gaske ne? In haka ne ta ina ake farawa, dole sai an karanci girki?
Wata mai karatu

AMSA: Wa'alaikumussalam ƙanwata. Eh da gaske ne, amma kar yawunki ya tsinke tukuna, don cin shi ne ƙaramin abu a ciki, aikin jarida ne zalla.

Sana'ar ta daɗe, tun 1803 wani Bafaranshe Grimod de La Reynière yake buga littafin shekara-shekara yana gaya wa mutanen Paris inda za su ci. Amma tsarin da ake bi yau Craig Claiborne ne ya kafa shi a jaridar New York Times, wanda ya zama editan abinci a 1957. Ƙa'idar ita ce za ki je gidan abinci ɗaya aƙalla sau uku kafin ki rubuta komai, ki tafi da mutane don ki ɗanɗana kala da yawa, ki kama tebur da sunan da ba naki ba, kuma jaridar ce ke biyan kuɗin, ba a karɓar kyauta ko ta ruwan sha. Wannan na ƙarshen shi ne ƙashin bayan abun gaba ɗaya, kin san bakin da ya ci shi ke godiya, ranar da mai gida ya ciyar da ke kyauta toh kin zama 'yar tallarsa, mai karatu kuma da zai cire kuɗi daga aljihunsa saboda maganarki kin cuce shi.

Maganar ɓoye kai kuwa har dariya take ba ni. Ruth Reichl da ta riƙe kujerar sharhin gidajen abinci a New York Times daga 1993 zuwa 1999 har gashin kanti take sawa ta canza shiga da murya, saboda ana manna hoton mai sharhi a kicin don ma'aikata su gane shi. Akwai wani babban gida a New York da ta je a matsayin mace wadda ba kowa ba, aka bar ta tana jira aka ba ta tebur a lungu, da ta koma aka gane ta sai ga tarba kamar sarauniya, ita kuma ta zauna ta rubuta duka biyun a sharhi ɗaya. Yanzu dai da waya a hannun kowa ɓuyan ya yi wuya, a 2025 ita kanta jaridar ta haƙura ta fito da fuskokin masu sharhinta.

Sai jiki. Pete Wells ya shekara 12 a kan aikin a wannan jaridar, a 2024 ya ajiye da kansa bayan likita ya duba shi aka ga sukari da hawan jini da ƙiba duk sun taso masa. Ki duba fa, kusan kullum da dare kina waje kina cin mai da gishiri, ko kina marmari ko ba kya yi, ki dawo gida ki zauna rubutu edita na jiranki. Ga kotu ma, a 2007 an umarci jaridar Irish News ta biya diyyar ɓata suna fam 25,000 kan sharhin wani gidan abinci a Belfast, sai a 2008 kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin. Shi ya sa komai kika gani ki rubuta shi da rana da lokaci.

Batun karatu, ba dole ba ne. Claiborne ya yi makarantar otal a Lausanne ta Suwizalan, amma Jonathan Gold, wanda a 2007 ya zama mai sharhin abinci na farko da ya ci kyautar Pulitzer, babbar lambar yabon aikin jarida a Amurka, da gyaran rubutu ya fara a jaridar LA Weekly sannan sharhin kiɗa, kuma sunan da ya yi a ƙananan shagunan baƙin haure na Los Angeles ya yi shi, wuraren da manya ba sa ko kallo. Ni shi na fi so a cikinsu gaskiya.

Kujerun nan ba su da yawa, jaridu ma rage ma'aikata suke yi, so ki fara da abin da ke hannunki. Ki zaɓi wuri ɗaya, ki je sau uku da kuɗinki, ki rubuta shafi guda ba tare da kin sa kalmar "daɗi" ko sau ɗaya ba, ki gaya min me ya taɓa harshenki, zafi ne ko tsami, ya dahu ko ya ƙone, minti nawa kika jira. Ki turo min in gani.