Dutsen da Ke Numfashi a Labarina

Tambaya: Malam, ni ɗaliba ce a garin Gadarif na Sudan. Ina rubuta ƙagaggen labari kan wani dutse mai rai da ya riga kowa zuwa duniyar labarin. Ƙawayena sun ce irin wannan na Turawa ne. Haka ne?

Amsa: 'Yata, ba haka ba ne. A tarihin Kano akwai Dutsen Dala, inda aka ce Barbushe kaɗai ke shiga wurin Tsumburbura, ya fito ya faɗa wa jama'a abin da shekara za ta zo da shi.

Ga kuma Jabal Barkal nan Sudan, kusa da Karima. Mutanen Misira da na daular Kush na dā sun ɗauka gunkinsu Amun a cikinsa yake zaune, har suka gina masa ɗakunan bauta a gindinsa. UNESCO ta sa wurin cikin kayan tarihin duniya a 2003. Na taɓa tsayawa gabansa da la'asar sakaliya. Akwai wani tsini da ya ware daga jikinsa kamar kumurci ya fasa kai. Da rana ta sauko a kansa, wallahi sai da tsigar jikina ta tashi.

To, kada dutsenki ya cika surutu. Bari numfashinsa ya zama iskar hunturu, juyinsa girgizar ƙasa, hawayensa idon ruwan da makiyaya ke shayar da raƙuma. Amma ki nuna a fili tun shafin farko cewa halitta ne shi ma, yana tsufa, yana jin tsoro. Ki turo min babin farko in gani.